Aikin Mai Adana Fina-Finan Tarihi: Me Ya Hana A Juye Su A Kwamfuta A Huta?

Tambaya: Mene ne ainihin aikin mai adana tsofaffin fina-finan tarihi? Kuma tunda yanzu ana iya juye kowane fim a cikin kwamfuta, me ya hana a juye su gaba ɗaya a huta da tulin tsofaffin gwangwanaye?

Amsa: Malam, tambayarka ta biyu ita ce za ta amsa ta farko, domin duk wanda ya gane dalilin da ya sa ba a zubar da gwangwanayen nan ya gane rabin aikin. Juye fim a kwamfuta yana cikin aikinmu, amma yana zuwa ne can kusa da ƙarshe, kuma ba shi ne ya fi cin lokaci ba. Nauyin da ke wuyan mai adanawa iri biyu ne: ya tsawaita ran zaren fim ɗin kansa, sannan ya tabbatar cewa wanda zai kalle shi nan da shekara ɗari ya san abin da yake kallo, wato wa ya ɗauka, yaushe, a ina, da wace manufa, kuma me aka taɓa a jikinsa daga baya. Hoton da ya tsira alhali an manta asalinsa ba shi da wani nauyi a gaban masanin tarihi, kamar yadda bayanin da ya tsira bayan hoton ya ruɓe ba ya nuna wa kowa komai.

Bari mu fara da jikin abin. Zaren fim hawa biyu ne: akwai leda mai garai-garai wadda take ɗauke da komai, akwai kuma siririn shafen jelatin a kanta, wanda a cikinsa hoton yake zaune, ƙwayoyin azurfa idan fim ɗin baƙi da fari ne, rini idan mai launi ne. Ledar nan ce tushen yawancin wahalarmu. Daga farkon sinima a shekarun 1890 har zuwa wajen 1951, kusan duk fim mai faɗin milimita 35 an yi shi ne da sinadarin naitiret, wanda danginsa ɗaya da abin da ake haɗa albarushin harsashi da shi. Hoton da yake bayarwa kyakkyawa ne ƙwarai da gaske, amma idan ya kama wuta ruwa ba ya kashe shi, saboda yana samar wa wutar iskar da take buƙata daga jikinsa. Ko an nutsar da shi a ruwa yana iya ci gaba da ci, hayaƙinsa kuma guba ne. Idan ya fara ruɓewa yakan bi matakan da muka sani sarai: hoton ya dusashe ya koma ruwan ƙasa, zaren ya yi danƙo, ya fara kumfa da wari mai hawa kai, ya dunƙule ya zama curi guda, daga bisani ya koma gari a gindin gwangwani. Wanda ya yi nisa a ruɓewa yana iya kamawa da kansa idan zafin ɗaki ya daɗe a sama da digiri 40.

Haka ta faru a watan Yulin 1937 a garin Little Ferry na jihar New Jersey a Amurka, inda ma'ajiyar kamfanin Fox ta tashi da wuta a tsakiyar wani zafi mai tsanani, naɗin fim fiye da 40,000 suka ƙone a dare ɗaya. A watan Disambar 1978 kuma wuta ta ci ma'ajiyar hukumar adana kayan tarihi ta Amurka da ke Suitland a jihar Maryland, ta lashe fiye da ƙafa miliyan 12 na fina-finan labarai na kamfanin Universal. Wannan ta biyun ta fi ci mini rai, domin labarin da aka ƙirƙira ana iya sake shirya shi da wasu 'yan wasa, amma taron da kyamara ta kama sau ɗaya ba ya dawowa. Taskar fina-finan Meziko ta ƙone a 1982, wata ma'ajiya ta taskar Brazil a birnin Sao Paulo ta ƙone a 2021, ambaliya kuma ta shiga taskar fina-finan Afirka da ke Wagadugu a 2009.

Da aka koma ledar asitet, wadda aka yi wa laƙabi da fim mai aminci saboda ba ta saurin kama wuta, an ɗauka an rabu da matsala. Ba a cika shekara goma da fitowar sabon nau'inta a 1948 ba sai ga ƙorafi ya iso wa kamfanin Kodak daga gwamnatin Indiya, cewa fina-finan da ke ajiye cikin zafi da laima suna lalacewa. Abin da ke faruwa shi ne danshin iska yana warware haɗin ledar, sai ta riƙa fitar da tsami irin na ruwan khal, wato binigar, tsamin kuma ya ƙara hanzarta warwarewar, ta yadda idan cutar ta kai wani mataki ita take ciyar da kanta. Zaren ya tsuke, ya kanannaɗe, ya bushe ya yi ƙwari, shafen hoton ya tattare a kansa domin ledar da ke ƙarƙashinsa ta motse ta bar shi. Hanci ne yake fara sanar da mai adanawa, amma kafin hanci ya ji an riga an makara kaɗan. Saboda haka ake amfani da wata 'yar siririyar takarda shuɗiya da wata cibiyar bincike ta birnin Rochester a Amurka ta ƙirƙira: a saka ta cikin gwangwani a rufe na kwana ɗaya ko fiye, gwargwadon sanyin ɗakin, idan ta fito shuɗiya lafiya lau, idan ta koma kore cuta ta kama, idan ta zama rawaya to fim ɗin yana kan gaɓa, a ware shi daga 'yan'uwansa a kwafe shi tun da sauran dama. Da wannan takarda ake tsara layi, a san wanda zai iya jira da wanda ba zai iya ba.

Launi ma yana da tasa cutar. Fina-finai masu launi da aka yi a kan nau'in Eastmancolor daga 1950 zuwa farkon shekarun 1980 rininsu kala uku ne, kuma ba tare suke dusashewa ba. Biyu sukan riga gudu su bar na ukun, shi ya sa tsofaffin fina-finan wancan zamani suke komawa jaja-jaja baki ɗaya. Ledar foliyesta da ta mamaye kasuwa a shekarun 1990 ita ce mai ƙarko, ana kyautata zaton za ta yi ɗaruruwan shekaru, sai dai tarihin ƙarni na 20 ba a kanta aka ɗauke shi ba.

Maganin dukan waɗannan cututtuka ɗaya ne, kuma ba shi da wani armashi: sanyi da bushewar iska. Ba ya warkar da fim, amma yana rage gudun ruɓewa ƙwarai. Asitet da aka ajiye a ɗaki mai digiri 21 da matsakaicin danshi yakan fara tsami cikin shekara 40 zuwa 50, wanda aka ajiye kusa da daskarewa kuwa lissafinsa ɗaruruwan shekaru ne. Ma'ajiyar da cibiyar fina-finan Birtaniya, wato BFI, ta buɗe a Gaydon a 2011 tana riƙe da fina-finanta a digiri 5 ƙasa da sifili da danshi kashi 35 cikin ɗari. Laburaren Majalisar Dokokin Amurka kuma yana da ƙananan ɗakunan naitiret 124 a Culpeper ta jihar Virginia, an rarraba su ne domin idan ɗaya ya kama kada ya ja sauran. Wani abin mamaki da ya tabbatar da wannan ya faru a 1978 a garin Dawson na arewacin Kanada, inda masu haƙa suka tono naɗin naitiret 533 da aka binne tun 1929 a cikin wani tsohon wurin ninƙaya. Ƙasar wurin ba ta narkewa daga ƙanƙara, sai ga fina-finan labarai da na wasa da aka ɗauka sun ɓace suna nan da sauran rai. A ganina, duk taskar da kuɗinta bai kai ta sayi ɗakin sanyi da na'urar sikanin, wato mai juye fim a kwamfuta, a lokaci guda ba, ta fara da ɗakin sanyi. Na'urar tana ceton fim ɗaya bayan ɗaya, kuma kafin ta kai kan na dubu goma ya riga ya lalace, alhali ɗakin yana saya wa dukansu lokaci a rana ɗaya.

Yanzu ga yadda aikin yake a kan tebur. Idan gwangwani ya fito daga sanyi ba a buɗe shi nan take, sai an bar shi ya huce a hankali, in ba haka ba raɓa ta kwanta a kan zaren. Idan an buɗe, abu na farko shi ne a sansana a kuma duba murfin daga ciki, domin tsatsa da fumfuna suna ba da labarin inda ya kwana. Ba a ɗora fim ɗin da ba a sani ba a kan majigi, ko da kuwa ana ɗokin ganin abin da ke ciki; haƙoran majigi an yi su ne daidai da tazarar hujojin sabon fim, tsohon da ya motse da kashi ɗaya ko biyu cikin ɗari kuwa yayyaga shi za su yi. A kan teburin warwarewa ake ɗora shi, mai faifai biyu da fitila a ƙarƙashin gilashi, a riƙa juya hannu sannu a hankali, zaren yana wucewa tsakanin babban yatsa da manuni, an riƙe shi ta gefe-gefe. Yatsun ne suke jin hujin da ya tsage kafin ido ya gan shi. Duk mahaɗar da aka iske sai an tsaya a kanta: ta gam ce ko ta salatif, tana riƙe ko ta saki, kuma me ya sa aka yanka a nan? Tsohon salatif yakan zubar da danƙonsa a kan hotunan da ke maƙwabtaka da shi, sai an ɗaye shi an goge an sake haɗawa. Naɗi mai ƙafa dubu minti 11 ne kacal a kan allo, amma idan ya sha wuya yana iya cinye wa mutum yini guda, wani lokaci fiye.

A wannan zama ne kuma ake fara aikin bincike, wanda shi ne ya fi daɗi a wurina. Abin da aka rubuta a jikin gwangwani zato ne kawai har sai an tabbatar, saboda murafe suna musanya, kuma wanda ya rubuta wataƙila bai kalli fim ɗin ba. Gefen zaren ya fi murfin gaskiya. Daga 1916 Kodak ya riƙa buga wasu 'yan alamomi a gefen fim ɗinsa, da'ira da murabba'i da mai kusurwa uku, waɗanda haɗuwarsu take nuna shekarar da aka ƙera zaren. Sai dai alamomin suna maimaita kansu bayan kowace shekara 20, don haka alamar 1922 ita ce ta 1942 kuma ita ce ta 1962, sai mutum ya dubi motocin da ke cikin hoton, da tufafin mutane, da tutar da ke kan gini, da kakin soja, ya yanke hukunci. Akwai kuma wani tarko: shekarar ƙera zare ba ita ce shekarar ɗaukar hoto ba. Idan negatif ne na kyamara, wato asalin zaren da aka ɗauki hoton a kansa, alamar tana cewa ba a ɗauki wannan hoto kafin shekara kaza ba. Idan kwafi ne, abin da take faɗa kawai shi ne lokacin da aka yi kwafin. Hatta kalmar da ke nuna cewa zare naitiret ne tana iya ratsowa daga tsohon negatif ta fito a gefen sabon kwafin da ba naitiret ba, sai a gane ta da cewa haruffan sun juye, fari a kan baƙi maimakon baƙi a kan fari. Duk wannan ana rubuta shi a kundin bayani, tare da sunan wanda ya kawo fim ɗin da hannuwan da ya bi, da wanda yake da haƙƙin mallakarsa, domin mallakar gwangwani daban, mallakar abin da ke ciki daban.

Me ya sa ake wannan ƙwaƙƙwafi? Saboda mutane sun yarda cewa gani ya kori ji, kuma fim ya fi kowace irin shaida saurin samun amincewa, har da inda bai cancanta ba. A 1916 an nuna wa jama'ar Birtaniya fim ɗin yaƙin Somme, wanda Geoffrey Malins da John McDowell suka ɗauka a fagen daga, kuma UNESCO ta saka shi cikin kundinta na abubuwan tarihin duniya a 2005. Mafi yawansa gaskiya ne, amma ɗan yankin da ya fi shahara, inda sojoji suke fitowa daga rami suna kutsawa cikin waya wasu suna faɗuwa, masana sun daɗe da yarda cewa shirya shi aka yi a bayan fagen daga. Hotunan da ake yawan nunawa na mamaye Fadar Hunturu a juyin juya halin Rasha na 1917 kuwa daga fim ɗin wasa suke, wanda Sergei Eisenstein ya shirya shekara goma bayan aukuwar abin. Babu kyamarar da ta ɗauki ainihin daren. Misalin da ya fi tayar da hankali shi ne na unguwar da 'yan Nazi suka killace Yahudawa a birnin Warsaw. Ma'aikatan farfagandar Jamus sun ɗauki hotuna a can a watan Mayun 1942, aka tsinci fim ɗin bayan yaƙi, aka yi shekaru ana yankar sa ana sakawa a shirye-shiryen tarihi a matsayin rayuwar unguwar yadda take. A 1998 aka gano wani naɗi na ragowar da aka yanke aka ajiye, sai ga wuri ɗaya ana maimaita ɗaukarsa sau da dama, ga masu kyamarar da kansu suna shiga hoto. Yunwar da ke fuskokin mutanen gaskiya ce, amma tsayuwarsu da tafiyarsu umarni ne. Ragowar da wani zai ce shara ce ita ta bayyana yadda ya kamata a karanta sauran, shi ya sa mai adanawa ba ya raina abin da mai tacewa ya zubar.

Wannan ya kawo mu ga hukunci mafi wuya, wato me za a karɓa, me za a fara ceta, tunda babu taskar da take da wuri da kuɗin komai. Tarihi ya nuna cewa kowane zamani yana kuskuren gane abin da na baya za su nema. Kamfanoni sun ƙona tsofaffin fina-finansu domin su tace azurfar da ke ciki, ko don su sami wurin ajiya, kuma binciken da Laburaren Majalisar Dokokin Amurka ya fitar a 2013 ya nuna cewa cikin dogayen fina-finai marasa murya kusan 11,000 da aka yi a ƙasar tsakanin 1912 da 1929, kashi 70 cikin ɗari sun ɓace ɗungurungum. A ɗaya gefen kuma, abin da ba a ɗauke shi da muhimmanci ba shi yake zama dukiya. Sagar Mitchell da James Kenyon 'yan kasuwa ne da suke ɗaukar ma'aikata suna fitowa daga masana'antu a arewacin Ingila a farkon ƙarni na 20, don kawai mutanen su biya kuɗi su ga kansu a allo. Da aka tsinci negatif ɗinsu kusan 800 cikin duro a ƙarƙashin wani shago a Blackburn a 1994, sai suka zama madubin rayuwar talakan wancan zamani. Shaidar da ta fi kowace muhimmanci a kan kisan Shugaba Kennedy a 1963 kuwa fim ne na gida mai faɗin milimita 8, daƙiƙa 26 da 'yan kai, hoto 486, wanda wani ɗan kasuwa mai suna Abraham Zapruder ya ɗauka. A 1999 aka yanke cewa gwamnatin Amurka ta biya iyalansa dala miliyan 16 a kan asalin zaren.

Akwai wata tsohuwar muhawara a cikin sana'ar nan da har yau ba ta mutu ba. Tun 1898 wani mai ɗaukar hoto ɗan Poland, Boleslaw Matuszewski, ya yi kira a Paris da a kafa ma'ajiyar fina-finai a matsayin sabuwar majiyar tarihi, amma sai a shekarun 1930 abin ya kankama, har taskoki huɗu na Paris da Landan da New York da Berlin suka kafa ƙungiyar taskokin fim ta duniya, wato FIAF, a 1938. Biyu daga cikin manyanta sun yi hannun riga. Henri Langlois na Faransa yana ganin fim ɗin da ba a nuna shi ba matacce ne, saboda haka ya tara duk abin da ya samu ya yi ta haskawa, kuma matasan da suka yi kallo a wurinsa su ne suka sauya sinimar Faransa. Sai dai rikodinsa a hargitse yake, kuma gobara ta ci wani ɓangare na tarinsa a 1959. Ernest Lindgren na Birtaniya kuwa ya kafa doka cewa kwafin da shi kaɗai ya rage ba a ɗora shi a majigi sai an yi masa na biyu, ko da hakan na nufin a yi shekaru ba a gan shi ba. Ni dai na fi karkata ga Lindgren, duk da na san taskar da ba ta nuna komai ba ta daɗewa tana samun mai ba ta kuɗi. Alherin da kwamfuta ta kawo shi ne ta sasanta su: asali ya zauna a sanyi, kwafi ya zaga duniya.

To, shi kansa juyewar yana da ladubbansa. Na'urorin zamani ba su da haƙora, suna jan zaren a hankali suna ɗaukar kowane hoto shi kaɗai, kuma gwani yakan ɗauka har da gefuna da hujoji domin shaidar da ke wurin ta bi kwafin. Idan ledar ta sha ƙarzuwa, akan ratsa da ita ta cikin wani ruwa da yake cike ƙarzunan na ɗan lokaci har haske ya wuce bai karkace ba. Sai batun gudu: fim mai murya hoto 24 ne a daƙiƙa, amma na zamanin da ake juya kyamara da hannu yakan kama daga 16 zuwa 20 da wani abu, shi ya sa mutanen da suke bayyana suna sauri kamar ana korarsu idan aka haska su da gudun zamani. Ba haka suke tafiya ba, kuma gyara wannan mayar da gaskiya ne. Iyakar gyaran ita ce inda ake sa-in-sa. Cire ƙura da tabon da shekaru suka jawo ya halatta, amma manhajar gogewa ba ta san bambancin ƙura da tsuntsu a sararin sama ba, ko ƙarzuwa da wayar lantarki, sai mutum ya bi bayanta hoto bayan hoto. Abin da ya yawaita yanzu na shafa wa tsofaffin hotuna launi da ƙara musu kaifi da basirar na'ura kuwa, ba na ƙinsa a matsayin hanyar jawo hankalin matasa, matuƙar an faɗa a fili cewa an yi. Amma launin rigar nan zato ne, hotunan da aka cusa a tsakani don tafiya ta yi santsi ba kyamara ce ta ɗauke su ba, kuma fuskar da manhaja ta ƙarasa zanawa ba fuskar mutumin ba ce. Ƙa'idarmu ita ce a ajiye ɗanyen kwafin da ba a taɓa ba, a rubuta duk abin da aka yi wa na gyara, ta yadda wanda zai zo daga baya zai iya warware shi.

Dalilin da ya sa ba a zubar da asali bayan wannan kuwa, an taɓa gwadawa an ga sakamakonsa. A shekarun 1970 da 1980 taskoki da dama sun kwafe naitiret ɗinsu a kan asitet suka lalata asalin, bisa imanin cewa kwanansa ya ƙare. Yau wasu daga cikin kwafin nan suna warin tsami, an kuma yi su da na'urorin da ba su kai na yanzu ba, alhali naitiret ɗin da aka bari cikin sanyi ya haura shekara ɗari yana nan garau, har gidan tarihin George Eastman da ke Rochester yana shirya bikin haska shi tun daga 2015. Sikanin da muke alfahari da shi yau, nan da shekara 20 za a ga gazawarsa, kuma wanda yake da asali ne kaɗai zai iya sakewa. Sannan fayil ba shi da haƙurin fim. Awa ɗaya ta fim mai milimita 35 idan aka ɗauke ta da ingancin da ake kira 4K ba tare da matsewa ba ta haura terabait 4. Ana ajiye irin wannan a kaset ɗin bayanai na LTO, kwafi biyu ko uku a wurare daban-daban, ana binciken su lokaci-lokaci da lissafin da ke tona ko ƙwaya ɗaya ta sauya, kuma bayan 'yan shekaru dole a kwashe su zuwa sabon nau'i, domin sabuwar na'ura ba ta karanta kaset ɗin da ya girme ta da fiye da zubi ɗaya ko biyu. Rahoton da cibiyar da ke ba da kyautar Oscar ta fitar a 2007 ya ƙiyasta cewa ajiye asalin fim ɗaya a ma'ajiya yana cin dala 1,059 a shekara, na dijital kuwa dala 12,514. Farashi ya sauka sosai tun daga lokacin, amma ɗabi'ar abin ba ta sauya ba: fim ɗin da aka manta da shi shekara 50 a wuri mai sanyi ana ɗaga shi ga haske a ga hoto, fayil ɗin da aka manta da shi shekara 15 wataƙila ba a sami abin buɗe shi ba.

Akwai wuri ɗaya da shawararka take daidai, malam, har ma ta zama tilas, wato kaset ɗin bidiyo. Tun daga na'urar Ampex mai faɗin inci biyu ta 1956, zuwa U-matic na Sony da ya fito a 1971, zuwa Betacam da VHS, gidajen talabijin sun ɗauki labaran rabin ƙarni a kan zaren maganaɗisu, kuma da yawa an goge su an sake ɗauka a kai saboda tsadar kaset. BBC ta yi haka a shekarun 1960 da 1970, hukumar NASA ma ta bayyana a 2009 cewa ga dukan alamu an goge asalin kaset ɗin da ya ɗauki saukar farko a duniyar wata. Waɗanda suka tsira suna fama da cutar danƙo, inda gam ɗin da ke riƙe da ƙwayoyin maganaɗisun yake shan laima ya riƙa manne wa kan na'ura, sai an gasa kaset ɗin a hankali a wajen digiri 50 kafin ya yarda a karanta shi na ɗan lokaci. Babbar matsalar ma ba kaset ɗin ba ne, na'urar ce. Zaren bidiyo ba ya nuna wa ido komai, kuma kamfani na ƙarshe da ke ƙera na'urar VHS, wato Funai na Japan, ya daina a 2016. Na sauran nau'o'in sai dai a farke biyu a haɗa ɗaya, masu gyaran su kuma suna tsufa suna barin aiki. Taskar sauti da hoto ta Ostareliya ta yi gargaɗi tun 2015 cewa abin da ba a juye ba zuwa 2025 yana cikin haɗarin salwanta. Saboda haka a taskar da ta san abin da take yi za ka tarar da fim ɗin 1925 yana jiran layinsa a ɗakin sanyi, yayin da ake rige-rigen juye kaset ɗin 1985 da 'yan na'urorin da suka rage suna aiki.